Ƙudan Zuma Masassaƙi da Lambunan Fadamar Rima

 

Allah Ya saukar da sura guda da sunan ƙudan zuma, Suratun Nahli, ta 16 a Alƙur'ani mai girma. Mun san mai amya da zuma. Yau zan yi magana ne a kan ɗan uwansa babba, baƙin nan mai gurnani da ke huda azarar ɗaki da sandunan rumfa, wanda yara ke bugewa da tsintsiya. Masana na kiran danginsa Xylocopa, sunan da masanin ƙwari Bafaranshe Pierre Latreille ya raɗa masa a 1802, kuma akwai kusan nau'i 500 a duniya. Bari mu kira shi masassaƙi.

Tsawonsa ya kai na gaɓar babban yatsa. A nau'in Xylocopa pubescens, da ake samu daga Yammacin Afirka har Masar da Indiya, macen baƙa ce wulik, da gashi rawaya a ƙirjinta, fukafukanta na sheƙi shuɗi in rana ta haska su. Namijin kuwa rawaya ne gaba ɗaya, kuma ba ya harbi. Macen ma ba ta harbi sai an matse ta. Ba su da amya, ba sa tara zuma. Macen ce ke sassaƙa rami a busasshen itace ko kara, ta raba shi ɗaki-ɗaki da dusar itacen, ta ajiye dunƙulen garin fure da ƙwai ɗaya a kowane ɗaki.

Amfaninsa yana cikin wannan gurnani da muke ƙi. Furen tumatir da na gauta suna riƙe garinsu a cikin bututu, sai an girgiza su yake fita sosai. Masassaƙi yana kama fure, ya kaɗa tsokar ƙirjinsa, garin ya zubo masa, ya kai shi fure na gaba. Ƙudan zuma mai amya bai iya wannan aiki ba. Furen wake kuma yana son ƙwaro mai nauyi da zai danna shi ya buɗe, kuma binciken da aka yi a Kamaru ya nuna ziyarar masassaƙi tana ƙara yawan kwanson wake da ingancin ƙwayarsa. Shinkafar da Kebbi ta yi suna da ita ba ta jiran ƙwaro, amma lambunan noman rani da ke bin Gulbin Rima daga Argungu zuwa Birnin Kebbi suna amfana da shi ƙwarai.

Ku dubi Turai. Can suna da nasu manyan ƙudaje masu gashi, dangin Bombus, mai kusan nau'i 250 a duniya, waɗanda ba su tsallako Sahara ba. Tun 1987 aka fara kiwonsu a Beljiyam ana sayar wa masu noman tumatir a rumfunan gilashi. A 1997 aka kai nau'in Turai ƙasar Chile. Ya bazu har Ajantina, sai ga ɗan ƙasa, Bombus dahlbomii, mai jan gashi, wanda uwarsa ke kai santimita 4, yana ɓacewa daga wuraren da ya saba. Yanzu yana cikin jerin halittun da ake fargabar ƙarewarsu. Abin da manomin Turai ke biya da kuɗi, Allah Ya ba mu shi kyauta a bakin fadama, kuma hannunmu ne ke iya kashe shi.

Saboda haka ina da roƙo uku. Na farko ga manoma: furen wake da sassafe yake buɗewa, ya rufe kafin rana ta take, lokacin nan ne masassaƙi ke kiwo. In feshin maganin ƙwari ya zama dole, a bari sai da yamma. Na biyu ga magidanta: in ya huda azara, a fenta ta ko a toshe ramin bayan 'ya'yan sun fita, sannan a bar masa busasshen kututture a gefen lambu. Kada a kakkaɓe duk tumfafiyar da ke kan iyakar gona, domin furenta abincinsa ne a lokacin rani.

Na uku ga ɗaliban Jami'ar Tarayya ta Birnin Kebbi da ta Kimiyya da Fasaha ta Aliero. Ku shiga fadama da littafi da kyamara, ku rubuta nau'in da kuka gani, da furen da ya sauka a kai, da watan da ya yawaita. Ku tambayi tsofaffin manoma da masunta sunan da suke kiransa da shi. Da irin wannan rubutu ne jami'an gona za su san lokacin da ya dace a yi feshi a kowace fadama.

Allah Ya albarkaci gonakinmu, Ya ba mu ikon kula da abin da Ya halitta.