Tarihin Keke a Birnin Kano: Jawabin da Aka Gabatar a Taron Tsofaffin Ɗalibai



Da na ce a kan keke zan yi magana, sai wani abokina ya bushe da dariya. To, shi ɗin nan ni na riƙa goya shi daga Ƙofar Na'isa zuwa makaranta har shekara biyu, kuma ko sau ɗaya bai biya kuɗin faci ba.

Yawancinmu a wurin mai haya muka koyi hawa. Ka miƙa kwabonka, ya dubi agogo, ka zaga unguwa. In ka makara ya riƙe hularka. Wanda ƙafarsa ta ƙware sai ya shiga tseren yamma, daga Ƙofar Mata zuwa Ƙofar Nassarawa, babu alƙali, babu kofi, babu mai rubuta sunan wanda ya zo na ɗaya. Da Sallah kuwa a yi wa keke ado da madubai da fulawar roba da ƙararrawa biyu, a bi bayan dawaki.

Malamanmu za su tuna bashin keke da ake ba ma'aikaci, da lambar En'e da ake ɗaura wa keke in an biya lasin. Raleigh na Ingila shi ne sarki, har aka zo ana harhaɗa shi nan Bompai, sannan Phoenix na ƙasar Sin ya shigo da rahusa. Da kuɗin Udoji suka fito a 1975, ma'aikata da yawa suka jingine keke suka sayi babur. Daga baya acaɓa ta cika gari, har aka hana ta a 2013, a-daidaita-sahu ya gaje ta.

Hawan Sallar Kano ya shiga kundin al'adun duniya na UNESCO a 2024, kuma ya cancanta. Doki yana da maroƙa da masu hoto. Keke abin hawan talaka ne, wa ya rubuta nasa? Bara mai hayar unguwarmu ya rasu, Allah ya jiƙansa. Na je ta'aziyya, na tambayi littafin da yake rubuta sunayenmu da lokacin fita, aka ce yara sun yayyaga shi, kekunan kuma an sayar wa 'yan gwangwan. Har yau abin yana ci mini rai, domin shekara da shekaru ina cewa zan je in zauna da shi.

Roƙona ga wannan ƙungiya shi ne, kafin taro mai zuwa kowa ya binciko tsohon hoto, ko rasit, ko lambar lasin, ya kawo wa sakatare. Wanda unguwarsu ke da tsohon mai gyaran keke ko mai haya, ya je da wayarsa ya naɗi hirarsa, ya rubuta unguwa da shekara. In sun taru, sai mu nemi Gidan Makama ko Hukumar Tarihi da Al'adu ta Jihar Kano su adana mana. Ni zan fara da famfon mahaifina.