Koyo, Tunawa da Mantuwa: Darasi Daga Ƙanƙara, Faskari da Sabuwa



Gabatarwa

Tambayar da wannan lacca za ta yi ƙoƙarin amsawa ita ce: idan yaro ya rabu da makaranta wata da watanni, me ke samun karatun da ya riga ya yi, kuma me ya kamata a yi masa ranar da ya komo? Wannan tambaya ta fi nauyi a ƙananan hukumomin Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa, waɗanda ke kusa da dazuzzukan da suka haɗa Jihar Katsina da Zamfara da Kaduna. A shekarar 2020 annobar korona ta sa aka rufe makarantun ƙasar nan tun daga watan Maris har wajen Oktoba. Ba a daɗe da komawa ba, sai a daren 11 ga Disamba 'yan bindiga suka shiga Makarantar Sakandaren Kimiyya ta Gwamnati da ke Ƙanƙara, suka kwashi ɗalibai fiye da 300. An sako su ran 17 ga watan, amma kafin nan gwamnatin Aminu Bello Masari ta riga ta ba da umurnin rufe makarantun kwana na jihar. A ƙauyuka kuwa, hare-hare sun tayar da jama'a da yawa, yara suka bi iyayensu gudun hijira, karatu ya yanke.

Sau da yawa idan irin waɗannan yara suka komo aji, aka tarar sun kasa abin da suka iya a da, sai a ce ba su da ƙoƙari. Binciken masana halayyar ɗan Adam ya nuna ba haka abin yake ba. Mantuwa tana da ƙa'ida, maganinta ma yana da ƙa'ida, kuma makarantun allo na ƙasar Hausa sun daɗe suna aiki da mafi yawan wannan magani.

Yadda Ilmi ke Shiga

Masana sun raba ajiyar da ke cikin ƙwaƙwalwa gida biyu. Akwai ajiyar ɗan lokaci, wadda ke riƙe abin da mutum ke ji ko gani a nan take, akwai kuma ajiya mai ɗorewa. Ta farkon ƙanƙanuwa ce ƙwarai. A 1956 George Miller na Amurka ya ƙiyasta cewa abubuwa bakwai take ɗauka, ko da ƙari ko ragin biyu. A 2001 Nelson Cowan ya ce abin ya fi kusa da huɗu. Dalili ke nan da ya sa mai faɗin lambar waya, wadda ke da alƙaluma 11, yakan yanka ta kashi uku, don a dunƙule ba za ta riƙu ba. Haka kuma malamin allo ba ya rubuta wa ƙolo shafi guda. 'Yan kalmomi yake ba shi, sai sun zauna a ƙara.

Aikin kai abu daga ajiyar ɗan lokaci zuwa mai ɗorewa yana hannun wani ɗan lanƙwasasshen sashe na ƙwaƙwalwa da ake kira hifokamfas. An gane haka ne daga wani Ba'amurke, Henry Molaison, wanda a 1953 aka yi wa aikin tiyata saboda farfaɗiya, aka cire masa mafi yawan wannan sashe a ɓangarorin biyu. Hankalinsa bai taɓu ba, yana kuma tuna ƙuruciyarsa, amma har ya rasu a 2008 sabon labari ba ya zama a kansa. Brenda Milner, wadda ta yi shekaru tana nazarinsa, ta sa shi zanen tauraro yana kallon hannunsa ta madubi. Kullum hannun sai ƙara ƙwarewa yake, alhali shi bai tuna ya taɓa yin aikin ba. Watau ilmin da ke hannu, kamar riƙe fartanya ko tuƙin keke, ajiyarsa dabam da ta ilmin da ake faɗa da baki.

Barci ma yana da nasa aikin. A 1924 Jenkins da Dallenbach na Jami'ar Cornell sun gwada ɗalibai biyu, suka ga abin da aka haddace aka kwanta a kai ya fi zama a kan abin da aka haddace aka shiga harkokin yini. Binciken da ya biyo baya ya tabbatar da cewa a lokacin barci ƙwaƙwalwa takan maimaita abin da aka koya, ta ƙara kafa shi.

Yadda Ilmi ke Zubewa

Wanda ya fara auna mantuwa da alƙaluma wani Bajamushe ne, Hermann Ebbinghaus, wanda ya buga sakamakonsa a 1885. Ya haɗa gaɓoɓi marasa ma'ana, ya haddace su jeri jeri, sa'an nan ya riƙa komawa bayan lokaci daban-daban yana sake haddacewa, yana lissafin yawan wahalar da haddar farko ta rage masa. Bayan minti 20 ragin ya kai kashi 58 cikin 100. Bayan sa'a ɗaya ya sauko 44, bayan kwana ɗaya wajen 34, bayan kwana 31 kuwa 21. A 2015 Murre da Dros na Amsterdam sun maimaita gwajin, suka sami kusan abu ɗaya.

Abubuwa biyu ne abin lura a nan. Na farko, zubewar ta fi ƙarfi a sa'o'in farko, daga baya sai ta lafa. Na biyu, kuma shi ya fi muhimmanci ga yaran da ake magana a kansu: ko bayan wata guda, lokacin da ba a iya kawo jerin da ka, sake koyonsa ya fi koyon farko sauƙi. Ashe abin da aka manta bai ɓace duka ba. Yana kama da gonar da aka taɓa nomawa aka bari: ciyawa ta rufe ta, amma kunyoyin suna nan, gyaranta bai kai saran sabon daji wuya ba.

Zurfin koyon farko shi ke yanke hukuncin abin da zai saura. A 1984 Harry Bahrick ya gwada mutum 733 da suka koyi Sifaniyanci a makaranta, waɗansu shekara 50 da suka wuce. Ya tarar ilmin yakan ragu a shekaru uku zuwa shida na farko, sa'an nan ragowar ta tsaya cik har wajen shekara 30, kuma wanda ya fi nisa a karatun shi ya fi saura da yawa. Saboda haka ɗan aji biyu na firamare, wanda bai gama haɗa baƙi da wasali ba, ya fi ɗan sakandare shiga haɗari idan karatu ya yanke.

Akwai kuma mantuwar da kamanni ke jawowa, inda sabon abu ke shiga cikin tsohon da ya yi kama da shi, su cakuɗe. Mahaddata sun san wannan sarai a wajen ayoyi masu kama da juna.

Abin da Tsangaya ta Riga ta Sani

Ebbinghaus ya gano cewa jerin da ya ci masa maimaici 68 a zama ɗaya, maimaici 38 ya ishe shi idan ya raba a kwana uku. Wannan ita ce ƙa'idar tazara: karatu kaɗan kaɗan, da hutu a tsakani, ya fi karatu mai yawa a dare ɗaya. Daman Hausawa na cewa yau da gobe ka sa allura ginin rijiya.

Ƙa'ida ta biyu ita ce jawo abu daga ka. A 2006 Roediger da Karpicke na Jami'ar Washington da ke St. Louis sun ba ɗalibai wani rubutu. Waɗansu suka karanta shi zama huɗu, waɗansu suka karanta zama ɗaya, aka karɓe takardar, suka yi zama uku suna rubuta abin da suka tuna. Bayan minti biyar masu maimaita karatu ne a gaba, da kashi 83 a kan 71. Bayan mako guda sai abin ya juya: masu maimaita karatu suka tsira da kashi 40, masu jawowa daga ka da 61. Ɗalibin da ya kwana yana bin littafi da ido yakan ji kamar ya iya, amma sabo da shafin ne kawai ya samu.

To, a dubi tsarin makarantar allo. Almajiri yakan biya allonsa da asuba, ya koma masa da yamma, ya sake komawa da dare. Tazara ke nan, da barci a tsakani. Ba ya wanke allo sai ya kawo karatun a gaban malam. Jawowa daga ka ke nan. An raba Alƙur'ani izu 60, kowane izu kuma sumuni takwas, don nauyin ya ɗauku. Gardi ba ya barin tilawar baya don ya sami sabon karatu, alaramma kuma bai cika alaramma ba sai ya rubuta Alƙur'ani da ka. Ayoyi masu kama da juna kuwa an tanadar musu harji, watau ƙididdigar wuraren da kalma ko jimla ta zo, domin kada wannan ta shiga waccan.

Sai dai tsangaya ba ta ƙare maganar ba. Frederic Bartlett na Jami'ar Cambridge ya nuna a 1932 cewa mutum yakan tuna labari ne ta hanyar sake gina shi da abin da ya riga ya sani. Abin da aka fahimta yana da igiyoyi da yawa da za a jawo shi da su. Haddar lafazi ta dace da nassin da ba a son harafi ɗaya ya canja. Lissafi da kimiyya kuwa sai an haɗa musu maimaici da fahimta, fahimta kuma ta fi saurin samuwa cikin harshen da yaro ya tashi da shi.

Ranar Komawa Aji

Darasi mafi kusa da halin waɗannan ƙananan hukumomi ya fito ne daga Pakistan. Bayan girgizar ƙasar 2005 makarantun yankin sun zauna a rufe kimanin mako 14. Andrabi da Daniels da Das sun gwada yaran bayan shekara huɗu, suka tarar waɗanda ke kusa da inda abin ya faru sun yi baya da abin da ya kai karatun shekara ɗaya da rabi ko fiye. Wata uku da 'yan kai ba za su jawo wannan hasara su kaɗai ba. Fassarar masu binciken ita ce, yaran sun komo a baya, manhaja kuma ta ci gaba ba ta jira su ba, giɓin ya yi ta faɗaɗa. Sun kuma lura cewa yaran da uwayensu mata suka yi firamare ba su yi wannan hasara ba.

Har ila yau akwai tsoro. Yaron da ya kwana yana sauraren ƙarar babura bai yi barcin da ke kafa karatu ba, kuma fargaba takan cinye ɗan wurin da ajiyar ɗan lokaci ke da shi, ta hana abin da aka sani fitowa. Bulala a kan irin wannan yaro ƙarin fargaba ce.

Bisa ga haka, ga abin da ya kamaci masu riƙe da harkar ilmi. Na ɗaya, makonnin farko na komawa su zama na auna inda kowane yaro ya tsaya, a raba yara bisa abin da suka iya, ba bisa ajin da ke takarda ba, kamar yadda ƙungiyar Pratham ta Indiya ke yi. Na biyu, kowane darasi ya fara da minti biyar na tambayoyi a kan karatun jiya da na makon jiya, littafi a rufe, ba maki, ba duka. Na uku, sufeton makarantu ya rage tambayar ina aka kai a manhaja, ya ƙara tambayar me yara za su iya kawowa da ka. Na huɗu, idan rufewa ta zama dole, a sallami yara da ɗan abin tilawa na kullum, a kuma jawo iyaye mata da yayye da malaman zaure cikin aikin, ko da a wurin gudun hijira ne.

Kammalawa

Tsaron makarantu aikin hukuma ne, ba kuma abin da zai maye gurbinsa. Amma abin da za a yi da yaro ranar da ya komo yana hannun malamin aji da hedimasta da sufeto, ba ya kuwa bukatar sabon gini. Karatun yaron Ƙanƙara ko Faskari ko Sabuwa yana nan a binne. Idan an koma da shi inda ya tsaya, aka bi shi da tazara da tambaya da kwanciyar hankali, zai dawo cikin lokacin da bai kai na koyon farko ba. Allah ya kawo zaman lafiya, ya sa albarka a karatun yara.