Taron Kawuna da Samuwar Sabuwar Dabara

 

Tambayar da zan yi magana a kanta ta shafi malamin aji da shugaban ma'aikata da sakataren ƙungiyar unguwa baki ɗaya. Idan ana neman sabuwar dabara, tara mutane a ɗaki ɗaya ya fi, ko kuwa a bar kowa ya yi tunaninsa shi kaɗai? Masana halayyar ɗan Adam sun shafe fiye da shekara 60 suna gwada wannan tambaya.

A 1953 wani jigon kamfanin talla a Amurka, Alex Osborn, ya wallafa littafi yana kira da a tara ma'aikata, kowa ya faɗi abin da ya zo bakinsa, ba suka ba gyara, sai daga baya a tace. Kamfanoni suka rungumi tsarin hannu bibbiyu. A 1958 Donald Taylor da abokan aikinsa biyu a Jami'ar Yale suka auna shi da ɗalibai 96. Rabinsu suka zauna huɗu-huɗu, rabi kuma kowa ya zauna shi kaɗai, aka ba su matsaloli iri ɗaya da lokaci daidai. Da aka haɗa takardun masu zaman kaɗaici huɗu-huɗu, aka cire maimaici, sai ga shi sun kawo kusan ninki biyu na dabarun da masu taro suka kawo.

Me ya jawo haka? A 1987 Michael Diehl da Wolfgang Stroebe a Jamus suka bi diddigi, suka gano babban dalili shi ne jiran layin magana. Sun saka mutane a ɗakuna dabam-dabam, kowa da makirufo da fitilar da ke nuna masa lokacin da zai yi magana. Ko waɗanda ba sa jin muryar kowa, muddin sai sun jira fitila, dabarunsu sun ragu. Kowannenmu ya san wannan hali. Shawara ta faɗo maka, wani yana kan bayani, kana ta nanata taka a zuci don kada ta kuɓuce. Duk tsawon wannan lokaci ƙwaƙwalwarka gadi take yi, ba ta haifar da komai. Kafin layi ya zo kanka, ko ka manta, ko ka raina abin da kanka.

Dalili na biyu shi ne laɓewa a cikin jama'a. Tun 1913 wani injiniyan aikin gona a Faransa, Max Ringelmann, ya bayyana cewa idan mutum takwas suka ja igiya tare, kowannensu yana ba da kusan rabin ƙarfin da yake bayarwa shi kaɗai. Binciken da aka yi daga baya ya nuna wannan ragwanci yana raguwa idan ana iya gane aikin kowa. Manomanmu sun riga mu sanin haka, shi ya sa a wajen gayya kowa ke kama tasa kunyar noma, ana ganin wanda ya yi gaba da wanda aka bari a baya.

Dalili na uku ya fi damuna. A 1985 Garold Stasser da William Titus suka ba ɗalibai aikin zaɓen shugaba daga cikin 'yan takara, suka rarraba musu bayanai ta yadda ba za a gane wanda ya fi cancanta ba sai kowa ya fito da abin da shi kaɗai ya sani. Ɗaliban suka ɓata lokacinsu kan abin da duk sun riga sun sani, zaɓin ya kauce. Mu kuma muna da ƙarin nauyi a kan wannan. Girmama na gaba tarbiyya ce da muke alfahari da ita, amma idan babba ya fara bayyana ra'ayinsa a wajen shawara, sauran sai “haka ne, ranka ya daɗe”. Ƙaramin ma'aikacin da ya ga inda matsalar take da idonsa ya koma gida da maganarsa a ciki.

Wannan ba ya nufin a daina haɗa kai, domin hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. A 2010 Anita Woolley da abokan aikinta suka gwada mutum 699 a ƙananan rukunoni. Rukunonin da suka fi ƙwazo su ne waɗanda magana ke zagayawa daidai a tsakaninsu, kuma mambobinsu ke lura da halin da juna ke ciki. Inda mutum ɗaya ko biyu suka kankane magana, sakamako ya faɗi. A fagen koyarwa kuwa, Elliot Aronson ya nuna hanya tun 1971 a makarantun Austin ta jihar Texas. Ya raba darasi gunduwa-gunduwa, kowane yaro ya riƙe nasa kaso ya koyar da 'yan rukuninsa. Yaron da a da ba a kula shi ya zama wanda dole a saurara, domin jarrabawa za ta taɓa kason da ke hannunsa.

Don haka ina roƙon abu uku. Kafin a buɗe muhawara, a ba kowa minti goma ya rubuta shawararsa shi kaɗai. Shugaba ya fara kiran mafi ƙanƙanta a wurin, shi kuma ya yi magana a ƙarshe. Malami ya danƙa wa kowane ɗalibi kason da ba za a kammala aiki ba sai da shi. Babu ɗaya daga cikin waɗannan da ke buƙatar kasafin kuɗi, ana iya farawa da su a taron gobe da safe. Iyayenmu shugabanni, a hannunku abin yake, domin na ƙasa ba zai buɗe baki ba sai kun ba shi fili.

Allah Ya ƙara mana ilimi mai amfani.