Frankie Yankovic: Makaɗin Polka da Hanyar Koyon Sana'arsa



Wannan lacca za ta duba rayuwar wani makaɗi ɗan Amurka mai suna Frankie Yankovic, domin a ga yadda kiɗan baƙi ke rayuwa a ƙasar da ba tasu ba, da kuma abin da ke hana shi mutuwa bayan an binne waɗanda suka zo da shi.

Da farko ya kamata a san mene ne polka. Kiɗa ne da rawa mai sauri, mace da namiji suna riƙe da juna suna juyawa. Ya samo asali a ƙasar Bohemiya, cikin Jamhuriyar Cek ta yanzu, wajen shekarun 1830, ya kai Faris a 1840, daga nan ya bazu cikin Turai. Talakawan da suka ƙaura zuwa Amurka neman aiki, su ne suka ƙetare teku da shi. Babban kayan kiɗansa shi ne akodiyon, watau wani akwati mai zugazugi a tsakiya, wanda makaɗi ke rungumewa yana ja yana matsawa, yatsunsa suna bin maɓallai.

An haifi Yankovic a 1915 a garin Davis na Jihar West Virginia, iyayensa kuwa baƙi ne daga Slobeniya. Ya girma a unguwar Collinwood ta birnin Cleveland, inda 'yan ƙabilarsu suka taru saboda aikin masana'antu. Gidansu masauki ne na gwagwaren ma'aikata, masu biyan kuɗin ɗaki da abinci. Da dare, bayan an tashi daga aiki, sai su ɗauko akodiyon su yi ta waƙoƙin gida. Ɗaya daga cikinsu, Max Zelodec, shi ne malaminsa na fari. Yaron yana ɗan shekara 9 ya fara kiɗa, ba takarda ba allo, sai kunne da ido.

Da ya zama saurayi sai ya koma ga akodiyon mai maɓallai irin na fiyano, ya kafa ƙungiyarsa, yana kiɗan biki da na gidajen rawa, ana kuma jin sa a rediyo. Manyan kamfanonin faifai suka ƙi shi, saboda haka a 1938 ya buga faifansa da kuɗin aljihunsa.

A 1943 ya shiga soja. A yaƙin da aka gwabza a dajin Ardennes na Beljiyam a ƙarshen 1944, sanyi ya daskarar da hannuwansa da ƙafafunsa, har likitoci suka so yanke su. Ya ƙi yarda, domin yatsun makaɗi su ne jarinsa. Aka yi ta magani har ya warke.

Bayan yaƙi kamfanin Columbia ya ɗauke shi. Faifansa mai suna "Just Because", wanda ya fito a 1948, an sayar da fiye da miliyan ɗaya, haka kuma "Blue Skirt Waltz" na 1949. A 1948 ɗin ne aka naɗa shi Sarkin Polka na Amurka a wata gasa a birnin Milwaukee. Dalilin wannan nasara a fili yake. Ya riƙe karin kiɗan Slobeniya mai taushi, amma ya riƙa waƙa da Turanci. Tsoho ya ji sautin ƙasarsu, jikansa da bai iya harshen kaka ba ya ji magana, wanda ba ɗan ƙabilar ba ma ya sami ƙofar shiga. Sai dai ɗaukakar ta ci masa zaman gida, don mafi yawan kwanakin shekara a kan hanya yake yin su, daga wannan gari zuwa wancan.

To, ina koyarwa a cikin wannan tarihi? Ƙungiyarsa ita ce ajinsa. A 1962 ya ɗauki wani yaro ɗan shekara 13 daga yankin Chicago, mai suna Joey Miskulin, ya riƙa yawon kiɗa da shi. Yaron ya koyi abin da littafi ba ya bayarwa: yadda ake karanta fuskar 'yan rawa, lokacin da za a ƙara sauri, da lokacin da za a sassauta don dattawa su sami shiga fili. Miskulin ya zama gwani, yana kuma cikin waɗanda suka shirya faifan "70 Years of Hits", wanda ya ba maigidansa lambar Grammy a 1986, ta farko da aka taɓa bayarwa domin polka. Haka nan Walter Ostanek na Kanada ya tashi yana koyi da shi, daga baya ya ci wannan lamba sau 3.

Yankovic ya rasu a 1998 a Jihar Florida, yana da shekara 83. A 2009 masu shirya Grammy suka soke rukunin polka ɗungum. Amma a garin Euclid, kusa da Cleveland, akwai gidan tarihi na wannan salo, kuma ana ci gaba da kaɗa shi a bukukuwan 'yan asalin Slobeniya.

Abin lura a nan shi ne silsilar: ma'aikaci ɗan haya ya koya wa ɗan masu gida, shi kuma ya koya wa yaron da ya ɗauko. Lamba hukuma ce ta ba da ita, hukuma ta janye. Abin da ya wuce daga hannu zuwa hannu kuwa yana nan. Saboda haka ɗalibin da ke nazarin kowane irin kiɗa, ko ma'aikacin da aka ɗora wa kula da al'adu, tambayar da ta kamace shi game da makaɗi ita ce: wa ya koya masa, wa kuma yake zaune kusa da shi yana kallon yatsunsa?

Allah ya sa a amfana. Wassalam.