BASHIN GIDA: A LISSAFA JIMLA KAFIN A SA HANNU

(Jawabin da aka gabatar a babban taron ƙungiya na shekara-shekara)

 



GABATARWA

Shugabannin ƙungiya sun nemi mu yi tsokaci a kan wani al'amari da ya shafi kusan duk wani ɗan Auyo da neman abinci ya kai shi birni, wato mallakar muhalli ta hanyar rance. Duk wanda ya ɗanɗana zaman haya ya san ɗacin ranar da mai gida ya aiko da takardar ƙarin kuɗi ko ta tashi. Saboda haka babu mamaki idan aka ce wa mutum ga gida, ya shiga yau, ya biya a hankali, ya ji kamar an sauke masa dutse daga ka. Sai dai wannan "a hankali" tana da farashi, kuma farashin nata shi ne abin da muka zo mu lissafa tare.

Jingina ba baƙuwa ba ce a ƙasarmu. Daga Gamsarka har Ayama, kowa ya san yadda ake jinginar da gona: mai kuɗi ya riƙa noma ta, har ranar da mai ita ya kawo kuɗin ya fanshe abinsa. Jinginar banki ta sha bamban da wannan ta fuska biyu. Ta farko, mai cin bashin ne ke zaune a gidan, banki kuwa ya riƙe takardu. Ta biyu, kuɗin fansar gona yana nan yadda aka karɓe shi, amma na banki yana haihuwa kowane wata.

ƘOFOFIN DA AKE BI

Babbar ƙofa ga ma'aikaci ita ce Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, FMBN, wanda aka kafa a 1977, da Asusun Gidaje na Ƙasa, NHF, da dokar soja mai lamba 3 ta 1992 ta samar. Ana yankar kashi 2.5 cikin 100 na albashin ma'aikaci a zuba a wannan asusu, kuma wanda ya yi zubi na aƙalla wata 6 yana da damar neman rance da kuɗin ruwa na kashi 6 cikin 100 a shekara, a biya cikin lokacin da bai wuce shekara 30 ba. Ƙofa ta biyu ita ce ta bankunan kasuwanci, ta uku kuma bankunan da ba sa mu'amala da ruwa. Za mu ɗauki adadi guda, Naira miliyan 10, mu bi shi ta waɗannan ƙofofi mu ga abin da zai zama.

LISSAFIN NAIRA MILIYAN 10

Wanda ya karɓi Naira miliyan 10 a kan kashi 6 cikin 100 na tsawon shekara 30 zai riƙa biyan kimanin Naira 59,955 kowane wata. Wannan shi ne adadin da ake faɗa wa mutum, kuma shi ne ke shiga kunne da daɗi. Amma shekara 30 wata 360 ne. Idan aka ninka, jimlar ta kai kusan Naira miliyan 21 da dubu 584. Ke nan an biya uwar kuɗi miliyan 10, an kuma ɗora mata fiye da miliyan 11 da rabi. An sayi gida ɗaya, an biya kuɗin gida biyu da 'yan kai.

Akwai kuma abin da yawancin masu cin bashin ba sa lura da shi sai tafiya ta yi nisa. Ana lissafa ruwan kowane wata ne a kan abin da ya rage na uwar kuɗi. A watan farko bashin yana nan cif, don haka daga cikin Naira 59,955 ɗin nan, Naira 50,000 ruwa ce, Naira 9,955 kacal ke rage bashin. Bayan shekara 10 ana biya babu fashi, mutum ya zuba kusan miliyan 7 da dubu 200, amma idan ya je ya tambayi abin da ake bin sa, za a ce masa saura kimanin miliyan 8 da dubu 370. Sai an shiga shekara ta 19 kafin kason da ke rage bashi ya rinjayi kason ruwa. Wanda larura ta tilasta masa sayar da gidan a shekarun farko zai tarar cewa mafi yawan abin da ya biya bai zama nasa ba.

Yanzu mu taɓa tsawon lokacin. Idan aka rage shi zuwa shekara 20, biyan wata zai koma Naira 71,643, jimla kuma kimanin miliyan 17 da dubu 194. Ƙarin da bai kai Naira 12,000 a wata ba ya tsirar da kusan miliyan 4 da dubu 400, ya kuma 'yanta mutum shekara 10 da wuri. Idan shekara 15 ce, biyan wata Naira 84,386 ne, jimla miliyan 15 da dubu 189. Ashe sauƙin wata-wata saye ake yi, kuma da shekarun rayuwa ake biya.

Wannan duk a ƙofa mai rangwame ke nan. A watan Nuwamba na 2024 Babban Bankin Nijeriya ya kai ma'aunin kuɗin ruwansa kashi 27.5 cikin 100, ya rage shi zuwa 27 a Satumban 2025. A irin wannan yanayi bankin kasuwanci ba ya ba da rance da araha. Mu ƙaddara ya bayar a kan kashi 24. Miliyan 10 ɗin nan a shekara 10 za ta ci Naira 220,481 duk wata, jimla kusan miliyan 26 da rabi. Idan mai bashi ya roƙi a ja masa zuwa shekara 20 don ya samu sa'ida, biyan wata zai sauko ne kawai zuwa Naira 201,741, jimla kuwa ta haura miliyan 48. An rage masa ƙasa da Naira 19,000 a wata, an ƙara masa kusan miliyan 22. A nan kam, da muguwar rawa gara ƙin tashi.

KUƊAƊEN DA BA SA CIKIN TALLA

Kafin a danƙa wa mutum makulli akwai kuɗin kafin alƙalami, wanda sau da yawa yakan kai kashi 10 cikin 100 na farashin gidan ko fiye. Tun 2022 Hukumar Fansho ta Ƙasa ta yarda ma'aikaci ya ciri har kashi 25 cikin 100 na ajiyarsa ta fansho don wannan biya. Dama ce, amma a tuna cewa guzurin tsufa ne aka gutsura. Sannan ga ladan mai ƙiyasta darajar gida, da na lauya, da harajin hatimi, da kuɗin rajista. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta shar'anta cewa ba a jinginar da fili mai takardar shaidar mallaka sai da amincewar gwamna, a Abuja kuma ministan birnin, kuma neman wannan amincewa na cin kuɗi da watanni. Bayan an shiga gida akwai inshorar gobara da ta rai duk shekara, da harajin fili, da gyaran rufi da famfo da a da mai gida ke yi.

Shekarun mutum ma lissafi ne. Yawancin ma'aikatan gwamnati suna ritaya ne a shekara 60 da haihuwa ko 35 ta aiki, don haka mai shekara 40 kada ya sa ran za a ba shi 30. Haka nan ƙa'ida ita ce biyan wata kada ya wuce sulusin abin da mutum ke samu. Mai biyan Naira 59,955 yana buƙatar albashin kusan Naira 180,000. Mafi ƙarancin albashi da aka amince da shi a Yulin 2024 Naira 70,000 ne, kuma sulusinsa ba zai ɗauki rancen da ya kai miliyan 4 ba.

Adalci ne mu faɗi ɗaya ɓangaren. A Disambar 2024 hauhawar farashi ta kai kashi 34.8 cikin 100. Idan ruwan bashi a tsaye yake ba ya motsi, Naira 59,955 ta shekara 20 mai zuwa ba za ta yi nauyin ta yau ba, alhali kuɗin haya da na siminti suna ta hawa. Amma wannan riba tana hannun wanda samunsa ke ƙaruwa tare da kasuwa, kuma mun san albashi tafiyar kunkuru yake yi. Ruwan da ke hawa da sauka kuwa shi ne tarko. Shi ya taimaka wajen raba miliyoyin iyalai da gidajensu a Amurka daga 2007 zuwa 'yan shekarun da suka biyo baya, lokacin da rangwamen farko ya ƙare, biyan wata ya yi tsalle, darajar gidajen kuma ta faɗi.

MAGANAR RIBA

Mu al'ummar Musulmi ne, kuma akwai farashin da ba a rubuta shi da Naira. Hukuncin riba a bayyane yake a ƙarshen Suratul Baƙara, malamanmu kuma suna nan, su ne masu fatawa. Abin da za mu ƙara shi ne yau akwai zaɓi. Bankin Jaiz ya fara aiki a 2012, TAJBank a 2019, Lotus a 2021. A tsarin murabaha banki ne ke sayen gidan ya sayar wa mutum da ribar da aka yanke tun farko. A tsarin ijara mutum na biyan haya har gidan ya zama nasa. A tsarin tarayya mai raguwa, banki da mai nema sun haɗa kuɗi, shi kuma yana sayen kason bankin kaɗan-kaɗan yana biyan hayar abin da ya rage. Duk da haka halaccin ciniki bai ɗauke wa kowa lissafi ba. Nan ma a tambayi jimla, domin halal ma tana iya fin ƙarfin aljihu.

A tuna kuma cewa a shari'a sai an biya bashi ake raba gado. Wanda ya sa hannu a takardar shekara 30 ya sa hannu ne har da madadin matarsa da 'ya'yansa. Haƙƙinsu ne su san da bashin, su san inda takardu suke, su san ko akwai takaful da zai biya saura idan ta Allah ta kasance.

ABIN DA YA SHAFE MU MUSAMMAN

'Yan'uwa, albashin ɗan Auyo da ke birni ba nasa ba ne shi kaɗai. A cikinsa akwai takin damina, da man injin ban-ruwa, da maganin iyaye, da kuɗin makarantar ƙanne. A shekarun 2018 da 2020 da 2022, da Kogin Haɗejiya ya cika ya batse, ya ci gonakin shinkafa ya rusa gidaje, wayar 'yan birni aka fara bugawa. Banki kuwa bai san ambaliya ba. Ranar biya ranar biya ce. Duk wanda zai ɗauki bashin gida ya ware wa irin wannan shekara kasonta tun kafin ya ce zai iya.

Ga masu niyyar gini a gida da kuɗin rance, a dubi tudu kafin a dubi araha, a tambayi dattawan unguwa inda ruwa ya tsaya a shekarun da muka ambata, a kuma karanta takardar inshora a ga ko ta ambaci ambaliya da sunanta. Ruwa na iya tafiya da gini, amma ba ya tafiya da bashi.

Babban abin da muke jin tsoro shi ne sayar da gonar gado don biyan kafin alƙalami ko cike giɓin watannin da aka kasa. Tun da aka ƙaddamar da aikin noman rani na Kwarin Haɗejiya a nan Auyo a Janairun 2023, ƙasar fadama ta ƙara daraja. Gona tana ciyarwa rani da damina, kuma ta dangi ce. Idan aka sayar da ita aka zuba a gidan da daga baya banki ya karɓe, an yi biyu babu.

SHAWARWARI

Na farko, kafin sa hannu a nemi jadawalin biya a rubuce, wata bayan wata, a duba layin ƙarshe.

Na biyu, a tambaya ko ruwan ko ribar a tsaye take, ko banki na da ikon canja ta.

Na uku, a tambayi tarar jinkiri, da ko akwai tara ga wanda ya biya da wuri. Idan babu, duk rarar da aka samu a shekarun farko a zuba ta a uwar kuɗi, domin a nan ta fi amfani.

Na huɗu, a ajiye aƙalla biyan wata 6 a gefe. Ba a fafe gora ranar tafiya.

Na biyar, kada a raina hanyar iyayenmu: fili bana, tubali baɗi, rufi shekara mai zuwa, da adashi da ƙungiyar taimakon kai da kai ta wurin aiki. Sannu ba ta hana zuwa.

Na shida, muna roƙon shugabanni su kafa ƙaramin kwamiti daga cikin 'ya'yanmu lauyoyi da akantoci da ma'aikatan banki da masu safiyo, tare da malami guda, wanda duk ɗan ƙungiya zai iya kai wa takardarsa a duba masa kyauta kafin ya sa hannu.

KAMMALAWA

Hausawa sun ce bashi hanji ne, yana cikin kowa. Ba mu zo don mu hana kowa mallakar gida ba, domin rufin asiri ne, kuma muna yi wa kowa fatansa. Roƙonmu shi ne duk wanda zai shiga ya shiga da ido buɗe: ya san jimlar da zai biya, da shekarar da zai gama, da abin da zai rage wa iyalinsa da mutanen gida a tsakani.

Allah Ya ba mu muhalli mai albarka, Ya raba mu da bashin da ya fi ƙarfinmu, Ya kare garinmu daga ambaliya, Ya mayar da kowa gidansa lafiya.