Jawabin Yaye Ɗaliban Tsara Dandalin Fim

Shugaban taro, ranka ya daɗe, malamai, iyayenmu, da ku 'ya'yana da ake yayewa yau.

Tun da yake al'adar magabata ce idan almajiri ya sauke a ambata masa wani gwani da ya riga shi a fanninsa, domin ya sakankance cewa turbar da zai hau an taka ta, na ga ya kyautu in ambata muku Pat Nebo, wanda ya rasu a 2023, bayan ya ƙare ƙarfinsa wajen gina ɗakuna da ofisoshin da jama'a suka kalla, ba tare da sun tambayi wa ya gina su ba.

Duk wanda ya ga fim ɗin October 1 na Kunle Afolayan, inda marigayi Sadiq Daba ya fito a matsayin Sufeto Danladi Waziri, zai tuna cewa tun kafin sufeton ya buɗe baki, teburinsa da bangon ofishinsa sun riga sun ba da shaida cewa ana daf da samun mulkin kai na 1960. Wannan shaida kuwa Nebo ne ya tsayar da ita. Amma abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne fim ɗin 76 na Izu Ojukwu, wanda aka gina a kan zamanin kisan Janar Murtala Muhammed, domin a can bai wadatu da mayar da bariki shekarar 1976 ba, sai da ya sa kaki da kansa, ya fito a matsayin hafsan soja, ya shiga cikin abin da hannunsa ya gina. Magini dai ba ya sanin inda ɗaki ke yoyo sai ya kwana a cikinsa da damina, haka nan mai tsara dandali da ya taɓa tsayawa gaban kyamara ya san ƙofar da ke tauye tafiya, da kujerar da ke hana ɗan wasa sakewa.

Ina faɗin wannan ne, Allah Ya sani, saboda na sha ganin finafinanmu na nan gida inda ake nuna talakan da bai ci abincin rana ba, alhali labulen ɗakinsa ya fi rigar hakimi tsada, don kawai gidan da aka samu aro ke nan. Irin wannan, a fahimtata, shaidar zur ce, ko da ba a yi nufinta ba, kuma daga yau a wuyanku take.

Ranka ya daɗe, sai a kira sunayensu, su zo su karɓi takardunsu.