Jawabin Shugaban Taro a Bikin Ƙaddamar da Kwamitin Neman Tashar Jirgin Ƙasa, Sabon Garin Wudil

 

Mai girma Shugaban Ƙaramar Hukumar Wudil, mai girma Hakimi, ranka ya daɗe, dagatai da masu unguwanni, limamanmu da malamanmu Allah ya gafarta muku, wakilan Jami'ar Kimiyya da Fasaha ta Aliko Ɗangote, wakilan Kwalejin 'Yan Sanda, shugabannin kasuwa da na direbobi, iyayenmu mata, matasa, 'yan jarida, manyan baƙi maza da mata. Wanda ba a ambata ba ya yi mana afuwa, yaran da suka rubuta mini takardar nan sun cika shafi biyu da sunaye, na taƙaita.

Kowa a nan ya san abin da ya tara mu. Tun watan Fabrairun 2021 da marigayi Shugaba Muhammadu Buhari ya aza harsashin dogon Kano zuwa Maraɗi, mai tsawon kilomita 284, aka haɗa da reshen da zai tashi daga Kano ya bi ta Gaya ya dire Dutse. Buƙatarmu ba ta da yawa: ƙaramar tasha ta fasinja, da rumfar zama, da wurin yankan tikiti, da famfo, da masallaci, inda jirgi zai tsaya minti biyu ya ɗauki mutum. Ba mu ce a gina mana irin ta Rigasa ba.

Kuma garin nan ya cancanta. Ga jami'a tun 2001, ga kwalejin da ke horar da hafsoshin 'yan sanda daga kowace jiha, ga kasuwar kara ta Juma'a wadda fatake ke zuwa har daga kudu, ga masunta, ga masu ginin tukwane, ga manoman rani a bakin kogi. Mu ma ba mu zauna ba: an gyara rijiyoyin burtsatse, an yashe magudanu kafin damina, an biya wa marayu kuɗin jarrabawa, an sasanta 'yan kasuwa. Muna godiya ga duk wanda ya sa hannu.

Na ga shugaban direbobi yana hararata. Kwantar da hankalinka Alhaji, jirgi ba ya kai mutum ƙofar gida. Wanda ya sauka, ku ne za ku kwashe shi.

Kada a raina ƙaramar tasha: dogo ya iso Kano a 1911, ya kai Nguru a 1930, kuma ƙananan tashoshin wannan layi irin su Jogana da Ringim da Malam Madori su ne suka tara gyaɗar da aka yi dala da ita. Malam Madori ma tashar ce ta raya shi ya zama gari.

To, yanzu zan ajiye takarda, don abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya ba su rubuta shi ba. Ku na baya, a yi shiru, da ku nake.

Satar ƙarfe. Ku bi tsohon dogo ku gani da idonku. An kwance ƙusoshin da ke riƙe ƙarfe, an zare ƙarafan da ke kwance a ƙarƙashi, wani ya yi dirkar rumfa da su, wani ya kafa turken sa. Hatta tsakuwar da aka shimfiɗa, ana zuwa da amalanke da dare a kwashe a zuba a harsashin gida. Yaron da ya kwance ƙusa ɗaya don kuɗin shayi bai san nauyin jirgi ba, amma wanda ya ɗora ta a sikeli ya biya shi ya sani sarai. Ɓarawon zaune ya fi na tsaye laifi. Ba na cewa duk 'yan gwangwan haka suke, akwai masu tsoron Allah a cikinsu, wasu ma suna zaune a nan. Amma ƙarfen dogo ba ya kama da murfin tukunya. Duk wanda aka kawo masa ya gane shi.

Da wane baki za mu je Abuja mu roƙi tasha, in aka ce a yankinmu ake kwance abin da kamfani ya ɗaura da rana? Jirgi in ya goce daga kan dogo, 'ya'yanmu ne a ciki. Saboda haka, ranka ya daɗe, ina roƙon kowane mai unguwa ya san masu sikelin da ke unguwarsa, sunansu da shagonsu. Wanda aka kama, kada wani babba ya zo mini da dare yana cewa ɗan wane ne. Ba zan buɗe ƙofa ba. Malamai kuma, a taimaka mana da huɗuba.

'Yan kwamiti, ku miƙe a gan ku. Ba kujerar alawus aka ba ku ba. Za ku kai takardarmu Ma'aikatar Sufuri ta Tarayya da Hukumar Jiragen Ƙasa ta Najeriya, ku bi ta hannun 'yan majalisarmu, ku dawo ku faɗa mana abin da aka ce, mai daɗi ko marar daɗi.

Da sunan Allah na ƙaddamar da wannan kwamiti. Allah ya yi mana jagora, ya mai da kowa gidansa lafiya. Masu sikeli kada ku tafi, ina son ganinku bayan addu'a.